Ɗan Makaho A Gaban Hukuma: Marubutan Fim Da Jaruman Almara A Turkiyya

Cikin shekarar 1952 wani saurayi ɗan shekara 23, mai suna Metin Erksan, ya ɗebi ma'aikata da na'urar ɗaukar hoto ya bar birnin Istambul, ya nufi wani ƙauye da ake kira Sivrialan a lardin Sivas, can tsakiyar ƙasar Turkiyya. Abin da ya kai shi shi ne shirya fim a kan rayuwar Ashik Veysel, wani makahon mawaƙi wanda ya rasa ganinsa tun yana yaro bayan ciwon agana, ya tashi ba shi da sana'a sai waƙa da kiɗan saz, watau wani abin kiɗa mai tsirkiya da dogon wuya, ɗan uwan garaya. Wanda ya rubuta labarin fim ɗin shi ne Bedri Rahmi Eyuboglu, mawaƙi kuma mai zane. Suka ɗauki hoton ƙauyen yadda suka same shi, da gidajensa na ƙasa, da talaucinsa, da gonakinsa marasa ƙarfi.

Da fim ɗin ya isa gaban kwamitin tacewa a Ankara, sai aka hana shi fita. Ɗaya daga cikin laifuffukan da aka ɗora masa shi ne wai alkamar da aka nuna a gonakin ta yi gajarta ƙwarai, kuma duk baƙon da ya gani zai ɗauka ƙasar Turkiyya ba ta da albarka. Bai samu fita ba sai da aka yanke wasu wurare, aka liƙa hotunan manyan gonaki da injunan girbi waɗanda aka ɗauka a Amurka. Haka 'yan kallo suka ga ƙauyen makahon mawaƙi yana girbi da injin da mutanensa ba su taɓa mallaka ba.

Wanda ya riƙe wannan labari a ka ba zai sha wuyar gane abin da ya sa finafinan Turkiyya na wancan zamani suka cika da mahaya dawaki, da 'yan tawayen kan dutse, da mawaƙa masu yawo gari gari ba. Marubucin da aka hana ya nuna gajeriyar alkamar bana, dole ya nemi wata hanyar da zai yi maganar talaka, hanyar kuwa tana nan tun kaka da kakanni, a bakin masu ba da labari.

Dokar da ta ba kwamitin nan ƙarfi an kafa ta ne cikin 1939, ta kuwa yi kusan shekara 40 tana aiki ba a sāke ta sosai ba. Abin lura a cikinta shi ne ba fim kaɗai take dubawa ba, har da rubutun labarin tun kafin a ɗauki hoto ko ɗaya. Sai marubuci ya gama aikinsa, a aika da takardun Ankara, wakilan Ma'aikatar Cikin Gida da na 'yan sanda da na soja da na Ma'aikatar Ilmi su zauna su karanta. An hana duk abin da zai zubar da darajar soja, ko ya ɓata wa wata ƙasa abokiya rai, ko ya yi kira ga addini, ko ya yaɗa aƙidar da ta saɓa wa tsarin mulki, ko ya zuga mutane ga aikata laifi, ko ya zama makami a hannun masu kushe Turkiyya. Wannan sharaɗi na ƙarshe faɗinsa ya isa ya rufe komai, tun daga ɗan sanda mai cin hanci har zuwa karan alkama.

Kafin wannan lokaci sinimar ƙasar ba ta damu da ƙauye ba. Daga 1922 zuwa 1939 kusan mutum ɗaya ne ke ba da umarnin dukan finafinan da aka yi, watau Muhsin Ertugrul, shugaban gidan wasan kwaikwayo na birnin Istambul. Da rani, idan an rufe gidan wasa, sai ya kwashi 'yan wasansa ya kai su gaban na'ura, yawancin labaran kuma arowa ake yi daga wasannin Faransa da Jamus a canja musu sunaye. Mutumin birni ya ji daɗinsu, amma manomin Anatoliya bai ga kansa a ciki ba. A shekarun yaƙin duniya na biyu finafinan Masar ne suka cike giɓin, da waƙoƙinsu da koke-kokensu, ana juya maganar zuwa Turkanci, jama'a na tururuwa.

Amma a cikin ma'aikatan Muhsin Ertugrul akwai wani wanda ba a rubuta sunansa a jikin majigi. Shi ne Nazim Hikmet, mawaƙin da da yawa ke ɗauka babu kamarsa a Turkancin zamani, ɗan gurguzu wanda hukuma ba ta taɓa ɗauke ido daga kansa ba. Domin ya ci abinci ya riƙa rubuta wa kamfanin Ipek Film labarai da sunan aro, Mumtaz Osman. Cikin 1938 kotunan soja suka yanke masa ɗaurin shekara 28 bisa zargin zuga sojoji su yi bore, amma alƙalaminsa bai tsaya ba. Yana tsare a kurkukun Bursa aka fitar da fim ɗin Kizilirmak Karakoyun cikin 1946, da wani sunan aron dabam, Ercument Er.

Labarin tsohuwar almara ce ta makiyaya. Wani makiyayi ya kamu da son ɗiyar shugaban ƙabilarsu, abin da al'ada ba ta yarda da shi ba, domin bara ba ya neman ɗiyar ubangidansa. Sai aka gindaya masa sharaɗi: za a yi kwana uku ana ba tumaki gishiri ba ruwa, sa'an nan ya kora su su ƙetare rafi ba tare da ko ɗaya ta sa baki ta sha ba. Makiyayi ya ɗauki sarewarsa ya yi ta busa, garke ya bi shi, har baƙar tunkiyar da ta sunkuyar da kai ga ruwa ta ɗago ta wuce. Ya cika sharaɗi, amma masu dukiya ba su cika nasu ba, aka ba da yarinyar ga ɗan wani mai hali, ranar kai amarya kuma gada ta karye da jama'a a kan kogin Kizilirmak. Babu kalma ɗaya ta siyasa a ciki. Duk da haka, duk manomin da ya taɓa biyan bashi aka ƙi mayar masa da jinginarsa ya san abin da ake faɗa masa. Lutfi Akad ya sāke yin fim ɗin cikin 1967.

A kurkukun nan dai, cikin 1948, Nazim Hikmet ya ɗauki tsohon labarin Ferhat da Shirin ya yi wasan kwaikwayo da shi, ya kuma juya shi yadda yake so. A almara, Ferhat yana fasa dutse ne domin a ba shi Shirin. A hannun Nazim, bayan shekaru ana sara, aka ce an yafe masa sharaɗin ya zo ya ɗauki matarsa, shi kuwa ya ƙi ajiye gatari, domin mutanen gari suna mutuwa da rashin ruwa mai kyau kuma ruwan yana bayan dutsen. Sai cikin 1978 aka mayar da shi fim, da haɗin gwiwar Turkiyya da Tarayyar Sobiyet, shekara 15 bayan rasuwar marubucin a Mosko.

Ba shi kaɗai ya ɓuya a bayan suna ba. Abdulkadir Pirhasan, tsohon hafsan soja mai koyar da adabi wanda ya yi shekara 7 a kurkuku saboda aƙidarsa, ya fito ya riƙa rubutu da sunan Vedat Turkali, har sunan aron ya danne na yanka. Kemal Tahir ya zama Murat Ashkin, Attila Ilhan ya zama Ali Kaptanoglu. Kamfanoni sun san ko su wane ne, suna kuma son aikinsu, amma sun san idan sunan gaskiya ya hau kan takarda, kwamitin Ankara ba ya bukatar karanta shafi na biyu.

Babban canji ya zo cikin 1948, lokacin da aka rage harajin tikitin finafinan gida zuwa kashi 25 cikin 100, aka bar na ƙasashen waje a kan kashi 70. Nan da nan shirya fim ya zama ciniki mai riba. Ƙananan kamfanoni suka cika wani ɗan titi a unguwar Beyoglu ta Istambul mai suna Yeshilcam, har sunan titin ya zama sunan sana'ar baki ɗaya. Wutar lantarki da hanyoyin mota suka shiga garuruwan Anatoliya, gidajen sinima suka bi su, da yawansu marasa rufi ne na lokacin zafi, irin waɗanda aka sani a Kano da Kaduna da Jos a da. Sababbin 'yan kallon nan kuwa ba su zo da kunne wofi ba. Sun tashi suna jin mawaƙan saz suna jan labari guda dare bayan dare a gidajen shan gahawa lokacin hunturu, ana magana a tsaya a rera waƙa, a koma magana. Sun san jarumansu, sun san dokin kowane da sunansa.

A cikin jaruman nan babu kamar Koroglu, ma'anar sunan kuwa ita ce Ɗan Makaho. Ubansa Yusuf shamaki ne a gidan hakimin Bolu. Aka aike shi ya zaɓo doki na gani na faɗa, ya dawo da wani ramammen duƙushi, domin idonsa na gwani ya hango abin da ke jikinsa. Hakimi ya ɗauka raini ne, ya sa aka ƙwaƙule masa idanu, aka ɗora shi a kan duƙushin aka kore shi. Ɗansa Rushen Ali ya yi kiwon dabbar a bargar da ko tsinken haske ba ya shiga, kamar yadda uban ya umarta, har ta zama Kirat, kilin dokin da babu mai cim masa. Yaro ya hau dutsen Camlibel, ya tara mazaje, yana tare ayarin masu hali yana raba wa marasa shi, yana kuma rera waƙoƙinsa da kansa, domin shi jarumi ne kuma mawaƙi. Almarar ta ce da bindiga ta shigo ƙasar, ya ga rago na iya kashe namiji daga nesa, sai ya sallami jama'arsa ya ɓace. Ana ba da labarin tun daga ƙasashen Balkan har Azarbaijan da Turkmenistan, kuma a takardun Daular Usmaniyya na wajejen 1580 an sami ambaton wani ɗan tawaye mai wannan suna a yankin Bolu.

An yi fim ɗin Koroglu tun 1945, amma wanda aka fi tunawa shi ne na 1968, wanda Atif Yilmaz ya ba da umarni, wata matashiya mai suna Ayshe Shasa ta rubuta, Cuneyt Arkin da Fatma Girik suka fito a ciki. Amfanin irin wannan labari ga marubuci a fili yake. Azzalumin hakimi ne na zamanin sarakuna, ya mutu shekaru ɗaruruwa da suka wuce, Jamhuriyar da Mustafa Kemal Ataturk ya kafa cikin 1923 kuma ba ta da dalilin kare mutuncinsa, tun da ita ce ta kawar da sarautar. Kwamiti ya sa hannu da zuciya ɗaya. Ɗan kallo a Adana ko Diyarbakir kuwa, wanda ke noma gonar wani a raba amfani yadda mai gona ya ga dama, ba sai an gaya masa wa hakimin Bolu ya yi kama da shi ba.

Haka aka yi da Cakircali Mehmet Efe, ɗan tawayen duwatsun yankin Izmir, wanda jami'an Daular Usmaniyya suka kashe ubansa, shi kuma ya yi shekaru yana wahalar da su har aka kashe shi cikin 1911. Faruk Kenc ya yi fim a kansa cikin 1950, Metin Erksan, mai labarin alkama, ya yi nasa cikin 1958. Shekara guda bayan haka Atif Yilmaz ya fitar da Alageyik, labarin maharbin da son farautar barewa ya raba shi da amaryarsa, da kuma wani a kan mawaƙi Karacaoglan, dukansu daga almarun da Yashar Kemal ya tattara a ƙauyukan kudu. A cikin waɗanda suka taya rubuta Alageyik akwai wani siririn saurayi daga Adana, wanda kuma shi ne ya fito a matsayin maharbin. Sunansa Yilmaz Guney.

Kada mai karatu ya zaci dukan marubutan Yeshilcam 'yan gwagwarmaya ne masu ɓoye saƙo a cikin tatsuniya. Mafi yawansu 'yan neman abinci ne, kuma mai ba da umarni na ainihi ba darekta ba ne, dillalin yanki ne. An kasa ƙasar shiyya shida, Istambul, Ankara, Izmir, Adana, Samsun da Zonguldak, kowace da dillalan da ke raba finafinai ga gidajen sinima. Su ne ke ba kamfani kuɗin aiki tun kafin a fara, galibi ma ba tsaba ba, takardar alkawarin biya ce, su kuma faɗi irin abin da mutanensu ke so: wane ɗan wasa, faɗa nawa, kuka nawa. Dillalan Adana sun yi suna wajen son faɗa da jarunta. A tsakiyar shekarun 1960 ana fitar da fim sama da 200 a shekara, cikin 1972 kuma aka kai wajen 300, alhali marubutan da aka dogara da su ba su taka kara sun karya ba wajen yawa. Safa Onal, wanda ya rasu cikin 2023, ya shiga kundin Guinness da labarai 395 da aka mayar fim. Bulent Oran a gidan shan gahawa yake zama ya yi rubutunsa cikin hayaniyar jama'a. Sau da yawa ana ɗaukar hoto shafukan gaba ba su iso ba, 'yan wasa kuma ba sa haddace komai, wani ne ke tsaye a gefe yana karanto musu suna maimaitawa, daga baya a ɗora murya a ɗakin ɗaukar sauti. Mai aiki cikin irin wannan gaggawa yana bukatar labarin da ƙashinsa ya riga ya tsayu, almara kuwa ba ta da mai ita balle a biya shi.

A nan ne jarumin ya fara canja fuska. Jaridu suna buga labaran zane kullum, masu karatu na binsu kamar ruwan sha, sinima ta ga kasuwa. Suat Yalaz ya mayar da Karaoglan ɗinsa fim cikin 1965, Kartal Tibet ya fito a ciki. Malkocoglu ya biyo baya cikin 1966, Tarkan da kyarkecinsa cikin 1969, Battal Gazi cikin 1971, Kara Murat cikin 1972. Battal Gazi yana da tsohuwar saiwa, domin asalinsa wani kwamandan Banu Umayya ne da ya faɗi a yaƙi da Rumawa cikin shekarar 740, almara ta ɗauke shi ta mai da shi gwarzon garin Malatya. Cuneyt Arkin, likita ne da ya ajiye aikin asibiti ya je ya koyi tsalle-tsalle da wasa da doki wurin 'yan wasan motsa jiki, ya zama fuskar yawancinsu, yana dira daga ganuwa yana kashe mutum ashirin da sara ɗaya. Jama'a sun so su ƙwarai, har sunan Karaoglan ya zama kirarin ɗan siyasa Bulent Ecevit a zaɓen 1973.

Sai dai akwai bambanci mai girma tsakanin waɗannan da Ɗan Makaho. Koroglu takobinsa a kan hakimin garinsu yake. Malkocoglu da Kara Murat kuwa bayin Sarkin Musulmi ne na Istambul, aikensa suke yi, abokin gaba kuma kullum baƙo ne, Barume ko wani sarkin Turai mai mugun dariya. Doki yana nan, takobi yana nan, amma zaluncin ya tashi daga cikin gida an kai shi bayan iyaka. Irin wannan labari ba ya tayar wa kowa hankali a Ankara, kuma ya fi saurin sayuwa. Jikokinsa ne ake kallo a zamanin nan, irin su wasan Ertugrul, mahaifin wanda ya kafa Daular Usmaniyya, da gidan talabijin na gwamnati TRT ya nuna daga 2014 zuwa 2019, ya kuma sami masoya a ƙasashen Musulmi da dama har da ƙasar Hausa.

Wanda ya ɗauki ɗaya reshen, na ɗan tawayen cikin gida, ya jawo shi zuwa zamani, shi ne Yilmaz Guney. Ɗan Kurdawa ne talakawa, an ɗaure shi cikin 1961 saboda wani gajeren labari da aka ce yana yaɗa gurguzanci. Da ya fito ya yi finafinan faɗa barkatai, 'yan kallon Anatoliya suka laƙaba masa Mummunan Sarki, domin ba shi da kyan fuskar taurarin Istambul, kamarsu ɗaya da ɗan dakon kasuwa. Cikin 1966 shi da Lutfi Akad suka yi Hudutlarin Kanunu, a kan 'yan fasa-ƙwaurin iyakar Siriya waɗanda rashin gona ke tura su cikin filin nakiyoyi. Cikin 1970 ya rubuta Umut ya kuma ba da umarni, labarin mai keken doki wanda mota ta kashe masa doki, ya ƙare yana haƙar ƙasa neman taskar da babu ita. A nan jarumin ba shi da Kirat, ba shi da dutsen da zai hau. Kwamiti ya hana fim ɗin, sai da aka fitar da shi a ɓoye zuwa bikin Cannes a Faransa. Rayuwar Guney kanta ba ta rasa tabo ba: cikin 1976 kotu ta same shi da laifin harbe wani alƙali a garin Yumurtalik cikin 1974, aka yanke masa shekara 19. Daga kurkuku ya rubuta Suru da Yol, wasu suka ɗauki hoton bisa umarninsa. Ya tsere cikin 1981, Yol ya ci babbar kyautar Cannes cikin 1982, shi kuma ya rasu a Faris cikin 1984.

Akwai jarumi guda da kamfanonin Yeshilcam suka yi ta nema ba su samu ba. Cikin 1955 Yashar Kemal ya fitar da littafinsa Ince Memed, labarin wani maraya siriri a gindin duwatsun Toros, wanda Abdi Aga, mai ƙauyuka biyar, ya gallaza masa da duka da aikin gona, ya kuma nemi ƙwace masa budurwa ya ba ɗan ɗan'uwansa, har yaro ya ɗauki bindiga ya hau dutse. Ƙashin labarin na Koroglu ne sak, kuma an fassara littafin cikin harsuna fiye da 40. Aibinsa ɗaya a idon hukuma: Abdi Aga ba hakimin zamanin sarakuna ba ne, a ƙarƙashin Jamhuriya yake cin zalinsa, jandarmomin da ke bin sawun Memed kuma kakin gwamnati ne a jikinsu. Aka yi ta kai rubutun fim ɗin Ankara ana dawowa da shi. Daga ƙarshe ɗan wasan Ingila Peter Ustinov ne ya yi shi da Ingilishi, ya fito cikin 1984, shi da kansa ya hau matsayin Abdi Aga. Da yake hukumomin Turkiyya sun hana a ɗauki hoto a ƙasarsu, duwatsun Yugoslabiya aka nuna a madadin na Toros, fim ɗin kuma ba a bari an nuna shi a gidajen sinimar Turkiyya ba a lokacin.